Twitch: Yadda zaɓen rukuni ke raba 'yan kallo, kuɗin talla da hukunci

A duk lokacin da mutum zai fara watsa shiri kai tsaye a dandalin Twitch, mallakar kamfanin Amazon na Amurka, akwai gurbi biyu da ake son ya cike. Na farko taken shirin, na biyu kuma rukunin da shirin ya faɗa, wato sunan wasan kwamfutar da yake bugawa, ko kuma nau'in abin da yake yi idan ba wasa ba ne.

Sauya rukunin ba ya ɗaukar fiye da 'yan daƙiƙoƙi. Mai tasha zai iya yi da kansa daga shafin sarrafa shirinsa, zai iya wakilta wani amintacce daga cikin masu kula masa da zauren hira, ko kuma ya bar wa ƙananan manhajoji irin su Nightbot da StreamElements, waɗanda ke sauya sunan wasan da zarar an rubuta musu gajeren umarni.

Sai dai wannan ɗan gurbi shi ne ke tantance waɗanda za su ga shirin, da kamfanonin da za su yarda a sanya tallarsu a kansa, da kuma ko za a nuna wa mai kallo gargaɗi kafin ya shiga. Galibin rigingimun da suka dabaibaye dandalin daga 2019 zuwa yau, kama daga na tsiraici zuwa na caca, a kan wannan gurbi suka tashi, ko kuma da shi aka nemi kashe su.

Kasuwa mai layi-layi

Tsarin Twitch ya yi kama da babbar kasuwa wadda aka ware wa kowace haja layinta. Mai neman atamfa ba ya zuwa layin 'yan hatsi. Mai kallo yakan buɗe jerin rukunai, ya ga waɗanda suka fi cika a sama, ya shiga wanda yake so, sannan ya tarar da tashoshin da ke watsa shiri a wannan lokaci. Shekara da shekaru an saba jera tashoshin ne daga mai yawan 'yan kallo zuwa mai ƙarancinsu, kafin daga baya kamfanin ya ƙara da tsarin da ke zaɓo wa mutum abin da ake jin zai yi masa daɗi.

Ke nan wanda ya tashi daga wasan ƙwallon ƙafa ya koma wasan harbe-harbe, ya kuma manta bai sauya rukuni ba, ya yi asara ta fuska biyu. Masoya wasan da yake bugawa ba za su gan shi ba, waɗanda suka shigo don ƙwallo kuma za su fice cikin fushi. Kuskuren ba ya ƙarewa da shirin, domin da sunan rukuni ake raba faifan da aka adana zuwa babi-babi, kuma da shi ake jera gajerun hotunan bidiyon da 'yan kallo ke yankowa.

Ƙa'idojin dandalin sun bambanta tsakanin mantuwa da ganganci. Abin da suka haramta shi ne amfani da take ko rukuni ba daidai ba da gangan, ko kuma yawan yin haka, kuma hukuncin na iya kaiwa ga dakatar da tasha. Amma jarabar yin hakan ba ƙarama ba ce, musamman ga masu tasowa. A rukunin wasa irin Fortnite ko League of Legends, sabon shiga zai tsinci kansa ne a ƙasan ɗaruruwan tashoshi ko ma dubbai, inda da wuya wani ya gangaro ya same shi. A rukunin wasan da ba a sani ba kuma zai iya zama na ɗaya, to amma babu kowa a layin. Lokacin da Twitch ya ɓullo da matakin farko na samun kuɗi ga ƙananan tashoshi a 2017, ɗaya daga cikin sharuɗɗan shi ne a samu matsakaicin 'yan kallo uku kacal a lokaci guda. Yadda mutane da dama suka riƙa faman cika wannan sharaɗi ya nuna irin wahalar da ke ƙasan jerin.

Muhimmancin da kamfanin ya bai wa wannan jeri ya fito fili a 2019, lokacin da ya sayi IGDB, wani rumbun bayanan wasanni da aka kafa a ƙasar Sweden, domin ya zama tushen sunaye da hotunan da ake gani a rukunai.

Daga rayuwa zuwa wasa, daga wasa zuwa hira

Asalin dandalin ba na wasa ba ne. A 2007 wani matashi mai suna Justin Kan ya ɗaura kyamara a hularsa yana nuna rayuwarsa dare da rana, a wani shafi da shi da abokansa, ciki har da Emmett Shear, suka sanya wa suna Justin.tv. Da aka buɗe shafin ga jama'a, sai sashen wasannin kwamfuta ya fi kowane bunƙasa, lamarin da ya sa aka ware shi a watan Yunin 2011 da sunan Twitch. A watan Agustan 2014 aka rufe Justin.tv baki ɗaya, kuma a cikin watan ne Amazon ya sanar da sayen Twitch a kan dala miliyan 970.

A wancan lokaci doka ta yi tsauri. Ana sa ran shirin mutum ya shafi wasa, wanda ya zauna yana surutu kawai kuma zai iya fuskantar hukunci. Sassaucin ya zo ne sannu a hankali. A watan Oktoban 2015 aka buɗe rukunin masu zane da sana'ar hannu, aka kuma ƙaddamar da shi da nuna tsofaffin shirye-shiryen marigayi Bob Ross, wani mai zane na gidan talabijin na Amurka, ba dare ba rana har fiye da mako guda. A 2016 aka ƙara rukunin masu cin abinci a gaban kyamara, al'adar da ta samo asali daga Koriya ta Kudu, kana a watan Disamban shekarar aka buɗe rukunin IRL domin harkokin yau da kullum.

Wannan rukuni ya zama tamkar jakar magori, kowane tarkace a ciki yake. Don haka a watan Satumban 2018 aka farfasa shi zuwa ƙananan rukunai da suka haɗa da girke-girke, tafiye-tafiye, motsa jiki, kimiyya, da kuma wanda aka kira Just Chatting, wato hira zalla. Tun daga 2020 wannan rukuni na hira ne ya fi kowane yawan sa'o'in kallo a shekara, ya zarce duk wani wasa. Dandalin da aka kafa domin a rabu da Justin.tv ya wayi gari babbar hajarsa ita ce abin da Justin.tv ke yi tun farko.

Wannan sauyi ya ƙara wa batun sabunta rukuni nauyi. Manyan masu watsa shiri a yau kan fara da hira ta sa'a ɗaya ko biyu, su kalli bidiyon wasu, su buga wasa, su sake komawa hira. Shiri guda na iya ratsa rukunai huɗu ko biyar, kuma duk lokacin da mai 'yan kallo dubu hamsin ya sauya rukuni, jerin dandalin gaba ɗaya kan motsa.

Allon talla na kamfanonin wasanni

Masu ƙera wasanni sun daɗe da gane cewa hawa saman jerin Twitch ya fi tallar talabijin tasiri a wajen matasa. A watan Fabrairun 2019 kamfanin Electronic Arts ya fitar da wasan Apex Legends ba tare da wata doguwar sanarwa ba. A maimakon haka ya biya fitattun masu watsa shiri su buga shi a ranar farko. Kamfanin dillancin labarai na Reuters ya ruwaito cewa Tyler Blevins, wanda aka fi sani da Ninja, ya karɓi kusan dala miliyan ɗaya a wannan aiki. Wasan ya hau saman jerin nan take, kuma cikin wata guda kamfanin ya ce mutum miliyan 50 sun buga shi.

Kamfanin Riot Games ya bi wata hanyar a watan Afrilun 2020. Duk mai son gwada sabon wasansa na Valorant kafin fitowarsa, sai ya zauna ya kalli masu buga shi a Twitch, da fatan a jefo masa izinin shiga. Masu kallon rukunin a lokaci guda sun haura miliyan 1.7. Sai dai alƙaluman sun zo da ayar tambaya, domin mutane da dama sun buɗe shafin ne suka tafi harkokinsu, wasu masu tashoshi kuma suka riƙa maimaita tsofaffin faifai tsawon sa'o'i 24 a matsayin shiri kai tsaye. Dole kamfanin Twitch ya gyara ƙa'idojinsa ya haramta wannan dabara. Abin lura shi ne yawan 'yan kallon rukuni ba lallai ne ya nuna farin jinin wasa ba, wani lokacin yana nuna girman kyautar da aka rataya masa ne.

Akwai kuma inda abin ya faru ba da kuɗin kowa ba. Wasan Among Us, wanda wani ƙaramin kamfani mai suna Innersloth ya fitar a 2018, ya shafe kusan shekara biyu ba a san da shi sosai ba. A tsakiyar 2020, lokacin kullen annobar korona, wasu manyan masu watsa shiri suka ɗauke shi, rukuninsa ya cika, har masu shi suka soke shirin fitar da kashi na biyu domin su mai da hankali kan na farko. A watan Oktoban shekarar, ana dab da zaɓen shugaban ƙasa, 'yar majalisar wakilan Amurka Alexandria Ocasio-Cortez ta buga wasan kai tsaye domin jan hankalin matasa su yi zaɓe, inda fiye da mutum 400,000 suka kalle ta a lokaci guda. A hukumance shirin na rukunin wasa ne, amma a zahiri gangamin siyasa ne.

Kangon da ɓata-gari suka mamaye

Raunin tsarin shi ne ya dogara da gaskiyar mai tasha. Shi ne ke faɗin abin da yake nunawa, kuma kafin a gano ƙarya ce, shirin ya riga ya tafi.

An ga haka ƙarara a watan Mayun 2019. Kamfanin Valve ya fitar da wasan kati mai suna Artifact a ƙarshen 2018, bai kuma samu karɓuwa ba, har rukuninsa a Twitch ya zama kango. Da farko wasu suka riƙa shiga suna watsa abubuwan barkwanci da sunan wasan. Kafin a ankara, aka fara nuna finafinan da aka sato, da hotunan batsa, da kuma bidiyon harin da aka kai wa masallatai biyu a birnin Christchurch na New Zealand a watan Maris na shekarar, inda aka kashe mutum 51. Ana rufe tasha ɗaya wata na buɗewa. Sai da kamfanin ya dakatar da sababbin masu rajista daga watsa shiri na ɗan lokaci, ya tsaurara hanyar tantance masu tashoshi, sannan a watan Yuni ya shigar da ƙarar waɗanda ba a san ko su wane ne ba a wata kotun tarayya da ke jihar California.

Bayan wata biyu aka sake jin kunya. Ninja ya koma dandalin Mixer na kamfanin Microsoft a farkon watan Agusta, sai Twitch ya mayar da tsohon shafinsa wurin tallata sauran tashoshin da ke rukunin Fortnite. Wani ya sanya hotunan batsa ya ce Fortnite yake bugawa, 'yan kallo suka taru, na'ura kuma ta ɗaga shi zuwa sahun farko a shafin mutumin da yara da dama ke bibiya. Emmett Shear, wanda ke shugabantar kamfanin a lokacin, ya fito ya nemi afuwa.

Rukuni a matsayin katanga

Rigimar da ta fi nuna yadda kamfanin ke tunani ita ce ta 2021. Ƙa'idar sutura ta dandalin ta yarda a sanya kayan ninƙaya idan wurin ya dace da haka, kamar bakin teku ko wurin wanka. Wasu masu watsa shiri, galibinsu mata, suka ajiye kwamin wanka na roba a cikin ɗakunansu, suka zauna ciki da kayan ninƙaya suna hira a rukunin Just Chatting. A bisa harafin doka ba su yi laifi ba. Amma sun mamaye saman rukunin da ya fi kowane cika, kuma ƙorafi ya yi yawa daga iyaye, da sauran masu tashoshi, da masu talla.

A watan Mayun shekarar, ɗaya daga cikin fitattunsu, Kaitlyn Siragusa wadda aka fi sani da Amouranth, ta bayyana cewa an cire talla daga tasharta ba tare da an sanar da ita ba. Kwanaki kaɗan bayan haka Twitch ya amince cewa ya yi kuskure wajen rashin sanarwar, ya kuma buɗe sabon rukuni na musamman domin wuraren wanka da bakin teku. Bai haramta komai ba. Ya dai ce duk mai irin wannan shiri can zai koma, kuma kamfanonin talla na da zaɓin su shiga rukunin ko su kauce masa.

Masu goyon bayan matakin na ganin ya yi adalci, tunda bai hukunta mata a kan surar jikinsu ba, ya kuma bai wa mai kallo damar sanin inda zai shiga. Masu suka kuma na cewa kamfanin ya guje wa tambayar ne kawai, domin yaron da ke neman wasa zai ga rukunin a jere da na wasannin da yake so. Duk ɓangarorin biyu na da hujja, amma tsarin lokacin ya nuna wanda aka fi saurara. Ƙorafin jama'a ya shafe watanni ba a yi komai ba, maganar masu talla ce ta zo da sauyi cikin mako guda.

Batun bai mutu ba. A watan Disamban 2023 kamfanin ya sassauta doka, ya yarda a nuna zanen tsiraici muddin an sanya wa shirin alamar gargaɗi. Cikin kwana biyu rukunin masu zane ya cika da hotunan da suka wuce gona da iri, wasunsu ma na'ura ce ta ƙirƙire su, sai shugaban kamfanin Dan Clancy ya janye matakin.

Caca da haihuwar kishiya

Inda ware rukuni ya gaza baki ɗaya shi ne caca. Zuwa 2022 rukunin injinan caca ya shiga sahun goma na farko a dandalin, yana gogayya da manyan wasanni. Shafukan caca da ke amfani da kuɗin kirifto, waɗanda akasarinsu ke da rajista a tsibirin Curaçao, sun riƙa biyan fitattun masu watsa shiri maƙudan kuɗi domin su yi caca a gaban dubban matasa. Mai kallo yana ganin ana zuba dubban daloli a juyi ɗaya, ba tare da ya san ko kuɗin na mai tashar ne ko na kamfanin da ya ɗauki nauyinsa ba.

Abin ya fashe a watan Satumban 2022, bayan da wani mai watsa shiri da ake kira Sliker ya amsa cewa ya karɓi kuɗi daga 'yan kallo da abokan sana'a da sunan bashi, ya kuma ƙarar da su a caca. Wasu manyan masu tashoshi, ciki har da Pokimane, suka yi barazanar ƙaurace wa dandalin a makon Kirsimeti, lokacin da kuɗin talla ya fi yawa. Cikin kwanaki kamfanin ya sanar da cewa daga 18 ga Oktoba ya haramta nuna shafukan caca na inji, da na ƙwallon juyi, da na ɗan lido, waɗanda ba su da lasisi a Amurka ko wata ƙasa mai ingantacciyar kariya ga jama'a. Ya ambaci sunayen Stake, Rollbit, Duelbits da Roobet. Cacar wasannin motsa jiki da ta karta ba su shiga haramcin ba. A watan Agustan 2023 kamfanin ya ƙara wasu shafuka biyu a jerin, ya kuma ce kallon caca a dandalin ya ragu da kimanin kashi 75 cikin 100.

To amma tsugune ba ta ƙare ba. Kafin ƙarshen 2022 wani sabon dandali mai suna Kick ya bayyana, da goyon bayan Ed Craven da Bijan Tehrani, waɗanda su ne suka kafa Stake. Fasalinsa kusan kwafin Twitch ne, har da jerin rukunai, sai dai rukunin caca a buɗe yake, kuma yana bar wa masu tashoshi kashi 95 cikin 100 na kuɗin da masu biyan wata-wata ke bayarwa, alhali a Twitch an saba raba shi biyu ne. A watan Yunin 2023 jaridar New York Times ta ruwaito cewa Kick ya ƙulla yarjejeniyar shekara biyu da Félix Lengyel, ɗan ƙasar Kanada da aka fi sani da xQc, wadda za ta iya kaiwa dala miliyan 100. Haramcin ya tsabtace jerin Twitch, amma cacar da masu kallonta sun sauya gida ne kawai.

Alamun gargaɗi

A watan Yunin 2023 Twitch ya ƙara wani mataki a kan rukuni, wato alamun da ke bayyana irin abin da shiri ya ƙunsa: batun jima'i, shaye-shaye, tashin hankali mai muni, ashar mai yawa, caca, da wasannin manya. Mai tasha ne ke sanya mafi yawansu da hannunsa, amma ta ƙarshen tana hawa da kanta da zarar an zaɓi wasan da hukumar ESRB, mai tantance wasanni a Arewacin Amurka, ta ware wa 'yan shekara 17 zuwa sama. Wasannin da hukumar ta ware wa baligai zalla kuwa an haramta su tun 2015.

A nan ne mantuwa ta daina zama matsalar mai tasha shi kaɗai. Wanda ya tashi daga wasan yara ya koma Grand Theft Auto bai sauya rukuni ba, ya cire gargaɗin da aka tanadar wa mai kallo, ko da bai yi niyya ba. Wanda kuma ya sanya alamar caca ko ta batun jima'i bisa gaskiya, tun daga ƙarshen 2023 an daina nuna shirinsa a shafin farko na dandalin. Tsarin ya zama mai gaskiya ne ke rasa 'yan kallo nan take, mai ɓoyewa kuma sai an kama shi. Kamfanin ya ce wanda ya yi ta ƙin sanya alamar da ta dace za a manna masa ita na wani lokaci ko yana so ko ba ya so.

A watan Nuwamban 2024 aka ƙara wata alamar domin siyasa da batutuwan zamantakewa masu sarƙaƙiya, a daidai lokacin da ake sukar dandalin kan yadda yake tafiyar da muhawarar yaƙin Gaza. Ita ma ta jawo ce-ce-ku-ce, har aka yi wa bayaninta kwaskwarima cikin 'yan kwanaki, bayan da wasu suka ce za ta mayar da labarin rayuwarsu tamkar batun siyasa.

Dalilin duk wannan taka-tsantsan ba ɓoyayye ba ne. Watsa bidiyo kai tsaye ga miliyoyin mutane na da tsada ƙwarai. A watan Janairun 2024 Twitch ya sallami ma'aikata fiye da 500, kimanin kashi 35 cikin 100 na ma'aikatansa, kuma Mista Clancy ya faɗa a fili cewa kamfanin ba ya cin riba. A watan Fabrairun shekarar ya rufe harkokinsa a Koriya ta Kudu, ɗaya daga cikin manyan cibiyoyin gasar wasannin kwamfuta a duniya, yana mai cewa kuɗin amfani da hanyoyin sadarwa a can ya ninka na yawancin ƙasashe sau goma. Kamfanin da ke cikin wannan hali ba zai so ya ɓata wa masu talla rai ba, ba kuma zai so ya kori masu tashoshin da ke tara masa jama'a ba. Rukuni da alama su ne hanya mafi arha ta riƙe duka biyun.

Hukumomi sun fara duban wani wuri

Abokan hamayya irin su TikTok da YouTube ba su dogara da jerin rukunai kamar haka ba. Na'ura ce ke lura da abin da mutum ke kallo ta turo masa makamancinsa, ko mai shirin ya bayyana abin da yake yi ko bai bayyana ba. Shi ma Twitch ya karkata zuwa can a 2024, lokacin da ya sake fasalin manhajarsa ta wayar salula ta yadda za ta riƙa buɗewa da jerin bidiyon da ake turawa sama da yatsa. Masu amfani da dandalin da dama sun yi ƙorafi, domin sun saba zaɓen layinsu da kansu.

Su kuwa gwamnatoci, alamu na nuna cewa sunan rukuni bai dame su ba. A watan Agustan 2025 wani Bafaranshe mai suna Raphaël Graven, wanda aka fi sani da Jean Pormanove, ya rasu ana tsakiyar watsa shirinsa a Kick, bayan an daɗe ana nuna yadda abokan shirin ke cin zarafinsa. Masu gabatar da ƙara a birnin Paris sun buɗe bincike a kan dandalin kansa, ba a kan waɗanda ke cikin shirin kaɗai ba.

A Ostareliya kuma, dokar da ta hana 'yan ƙasa da shekara 16 mallakar shafi a kafafen sada zumunta ta fara aiki ranar 10 ga Disamban 2025. Dokar ta keɓe dandalin da babban aikinsu shi ne buga wasa, shi ya sa Roblox da Steam ba su shiga jerin farko ba. Twitch, wanda ke karɓar 'yan shekara 13 zuwa sama a sauran ƙasashe, bai samu wannan rangwame ba. A watan Nuwamba hukumar kula da tsaron intanet ta ƙasar ta sanya shi a jerin, bayan ta riga ta sanya Kick, bisa hujjar cewa ginshiƙin dandalin shi ne mu'amala tsakanin mai watsa shiri da masu kallonsa, ko da kuwa wasa ake nunawa. Kamfanin ya ce zai daina yi wa yaran ƙasar rajista daga ranar da dokar ta fara aiki, ya kuma rufe shafukan waɗanda suke da su a watan Janairun 2026.